Taku Ɗari Huɗu Zuwa Kogon Sha-yini

"Ba zan matsa ba, Baffa."

Ikilima ce ta faɗa, tana tsaye a gindin tsanin da ke jingine da tsohon rumbun kakarta, ta riƙe shi da hannu biyu. Hantsi ya ɗaga. A gabanta Baffa Uwaisu ne, wan marigayi mahaifinta kuma mai unguwar Gindin Fa. Bayansa magidanta uku ne, ɗaya da kasko cike da garwashi, ɗaya da kwandon ƙaiƙayi, ɗaya da ƙullin busasshen barkono.

"Ban ji ba," in ji shi.

"Na ce ba za a yi wa rumbun nan hayaƙi ba."

Baffa ya juya wajen mahaifiyarsa, Inna Zulai, wadda ke zaune a kan kifaffen turmi tana ɓarar gyaɗa. "Inna, kina jin 'yar bokon nan taki?"

Inna ba ta ɗago ba. Da yake ɗan farinta ne, ba ta taɓa kama sunansa ba. "Mai Unguwa, kai ni na haife ka, ita kuma ni na raine ta. Taurin kan nan a tukunya ɗaya kuka ɗebo shi. Ku ƙarata."

Mai kaskon ya yi dariya, ya yi maza ya mayar da ita tari.

Abin da ake rikici a kansa yana cikin rumbun, ana hango haskensa ta tsagar bango ko da rana tsaka. Mutanen Gindin Fa suna kiransu sha-yini. Kowanne bai wuce ƙwayar wake ba, launinsa kamar zuma idan an ɗaga ta a rana. Ikilima ta sha duba su da gilashin ƙara girma da ta zo da shi daga jami'a a Dutse, inda ta karanci noma, amma ba ta taɓa ganin baki ko ido a jikinsu ba. Ba sa cin hatsi, ba sa shan ruwa. Lokaci suke ci. Duk abin da suka zauna a kansa, kwanaki sai su wuce ta gefensa ba su taɓa shi ba. Ta taɓa sayen agogon hannu biyu, ta saita su daidai, ta zura ɗaya cikin rumbun da zare. Washegari da ta jawo shi, minti huɗu kawai ya tafi.

Inna ce ta kawo su. A shekarar babban farin nan na saba'in da uku, tana sabuwar uwa, ta shiga kogon da ke bayan gari neman ruwa, ta fito da guda biyar a damtsenta. Ta ga furar da suka sauka a kanta ta yi mako ba ta yi tsami ba, sai ta zuba su a rumbu tare da tulu ɗaya na irin geron da ya rufa wa gidansu asiri a shekarar. Ɗan hamsin ake ce masa, domin kwana hamsin da 'yan kai yake nuna. Zangarniyarsa gajera ce, shi ya sa da damina ta gyaru kowa ya watsar da shi, har ya ɓace daga Miga zuwa Aujara. Tulun Inna kaɗai ya rage. Irin gero kan mutu cikin 'yan shekaru, amma wannan yana nan kamar jiya aka sussuke shi. Yanzu da damina uku a jere ruwa ya ɗauke, gero na tsakiyar fidda kai, Ikilima ta ƙudurta bana za ta shuka shi.

Sai dai biyar ɗin Inna sun hayayyafa, sun fara leƙa maƙwabta. Kazar maƙwabciyarsu Mashkura ta yi kwana arba'in a kan ƙwai ba ta ƙyanƙyashe ba. Masu daddawa sun rufe kalwa ta ƙi ruɓa. Madarar gidan Fulani da ke bayan katanga ta ƙi zama kindirmo. Duk an yi haƙuri, sai ranar da Baffa Uwaisu ya kishingiɗa a inuwar rumbun yana jiran kiran sallar Juma'a, ya buɗe ido ya tarar ana shirin tafiya gona ranar Asabar.

"Shekara talatin ban rasa Juma'a ba," ya ce wa Ikilima, yana nuna rumbun da carbi. "Ƙwaro ya ci gero mun sani. Ƙwaron da zai ci wa mutum salla, wannan ba zama da shi. In geronki ne damuwarki, hau ki fito da tulunki, mu yi aikinmu."

"Ko Makka na kai tulun, Baffa, in kun kashe su ya tashi aiki. Ku tsaya ku gani."

Ta shiga ɗakin Inna ta fito da ƙwaryar madara. Sha-yini ɗaya na zaune a bakinta yana ƙyalli. Ta miƙa wa mai kaskon ya ɗanɗana.

"Ta yau ce," in ji shi.

"Kwananta goma sha biyu."

Ta ajiye ƙwaryar a gabansu, ta kai yatsa, abin ya hau. Ta nufi zaure da shi. Ita dai tafiyarta take yi, amma su sai suka ga ta rage sauri kamar mai ratsa ruwa iya gwiwa. A bakin zaure ta ɗaga hannu don kowa ya gani, ta kawar da kai, ta murƙushe shi tsakanin farce biyu. Hasken ya mutu.

A tsakar gida, taku ashirin daga inda take, madarar ta tsinke, ta kumbura, ta yi kore. Warin ya sa magidantan suka ja da baya suna toshe hanci.

"Abin da suka ci ba ya narkewa," in ji Ikilima da ta dawo. "Ajiye shi suke yi. Ranar da suka mutu, sai ya koma kan mai shi, duk inda yake. Shekara hamsin ce za ta faɗo wa tulun nan lokaci guda. Gari za ku tarar."

Baffa ya daɗe yana kallon ƙwaryar. "Ikon Allah," ya ce a hankali. Sannan ya tuna shi mai unguwa ne, ga mutanensa na kallo. "To gero ne fa, Ikilima. A kasuwar Shuwarin akwai iri buhu-buhu."

"Akwai gero. Babu wannan."

"Na ba ki zuwa jibi. Ko su bar garin nan da ƙafarsu, ko su bar shi da hayaƙi."

"Ba su da ƙafa, Baffa. Zan ara musu tawa."

Maganar ta fita kafin ta auna ta, kuma Ikilima ba ta iya haɗiye magana. Hanya ɗaya ce dama. Sha-yini ba sa zama a ƙwarya ko buhu fiye da 'yan taku idan an ɗaga, jikin mai rai kaɗai suke yarda su hau, kuma ba sa sauka don kansu sai sun ji sanyin kogon da suka fito. Da yammacin ranar aka gwada da jaki. Ɗari suka hau shi, ya sandare, ƙarti huɗu suka ja igiya bai gusa ba. Da ya fara motsi, wajen harawarsa ya nufa. Dole aka kaɗe su da tsintsiya suka koma rumbu.

Inna ta ce ita za ta kai su, tunda ita ta kawo su. Ta hau tsani da ƙyar ta zura hannu. Ko ɗaya bai kula ta ba.

"Kin gani," ta ce tana dariya. "Suɗaɗɗen kwano ce ni. Mai sauran tuwo suke so."

Ikilima ta auna hanya daga rumbu zuwa bakin kogo, taku ɗari huɗu. Ta leƙa da tocila ta ƙirga na jikin bango, ta samu kusan dubu biyu. Ta gwada biyar a yatsa, ta gwada goma, tana duba agogo, ta cika shafi uku da lissafi. Kwana tara ya ba ta. Cikin jakarta akwai takardar ɗaukar aiki daga wata cibiyar adana iri a Dutse, aikin da ta yi shekara biyu tana nema, an ce ta bayyana nan da mako uku.

"Kwana tara ne, Inna. Har da sauran na wanki da kitso."

"Kin ƙirga na bango. Na ƙarƙashin daɓe fa?"

"Lissafi ba ya ƙarya."

"Shi ba ya yi," in ji Inna, ta ci gaba da ɓarar gyaɗarta.

Ranar da wa'adi ya cika, Ikilima ta yi sallar walha, ta ɗaure zani tamau, ta hau tsanin ta dira cikin rumbun. Ta miƙo tulun waje aka karɓa. Sannan ta buɗe hannuwa ta tsaya.

Na bango suka fara zuwa. Ba su da nauyi, sai sanyi kamar ruwan randa. Tana cewa shi ke nan, sai ta ga daɓen ƙarƙashinta ya kama haske. Suna fitowa ta kowace tsaga kamar ana tatsar su, wasu na kwararowa ta bakin rumbun daga gidajen maƙwabta. Suka rufe ta har gira. Ta tuna maganar Inna, ta cije leɓe, ta kama tsani.

Da ta sauko tsakar gida babu kowa, ko kuma ba ta iya ganin kowa. Mutane sun zama kamar hucin zafi a kan kwalta, wani abu mai wulgawa ta gefen ido. Rana ta ratsa sama kamar an harba ta da gwafa, duhu ya rufe, haske ya buɗe. Sauti duk ya dunƙule ya zama ƙugi ɗaya siriri. Duk da tsoron da ya kama ta, abin ya ba ta sha'awa. Inuwar katanga na kaɗawa daga yamma zuwa gabas kamar mafici. Ta ɗaga ƙafa ta taka, ta sake takawa, gari ya waye ya rufe. Taku biyu, kwana ɗaya.

Ta fara ƙirga. A taku na goma sha takwas kwana taranta suka ƙare, ko zauren gida ba ta fita ba.

Lissafin da ya rage ba ya bukatar takarda. Wata shida da ɗoriya. Tana iya tsayawa ta karkaɗe jiki, su watse cikin gari, Baffa ya hura kaskonsa, ita kuma ta kama motar Dutse da sauran kwanaki a hannu. Ta tuna warin madarar nan. Ta ɗaga ƙafa.

Tana fita zaure sai ta ga rumfar zana ta tsiro a kanta. Ta wuce ta, rumfar ta yi tsalle ta sake tarar ta. Ta gane ɗaurin igiyar, irin na Baffa ne, mai ƙulli biyu. Can kuma ta lura da wani abu a gabanta kaɗan, gefen dama, yana bayyana duk lokacin da haske ya buɗe. Kamar hayaƙi ne mai siffar mutum a zaune. Ta ƙura ido. Ga kallabi shuɗi, ga tabarma, ga ƙwaryar gyaɗa. Inna ce. Tsohuwar ta gano abin da mai digiri ba ta gano ba, cewa wanda ya zauna wuri ɗaya yini guda kaɗai Ikilima za ta iya gani. Kullum sai ta ja tabarmarta gaba kaɗan ta zauna.

Baffa ma ya koyi dabarar. A taku na hamsin wani baƙin allo na makarantar firamare ya bayyana jingine da dirkar rumfa, da rubutun alli manya-manya: WA'ADIN DUTSE YA WUCE. SUN CE ZA SU JIRA MAKO BIYU. KI SAUKE SU.

Ta girgiza kai. Daga baya aka ba ta labarin cewa girgizar ta ɗauki tun daga hantsi har la'asar, mutane suka taru suna gardamar ko i za ta ce ko a'a, har mai shayi ya kawo teburinsa wurin.

Rubutun ya sauya. TAURIN KAI BA IBADA BA NE. Bayan 'yan taku ya sake sauyawa. SUN BA WANI AIKIN.

Wannan ya shige ta. Idonta ya kawo ruwa. Ta dubi gefen dama, inuwar mai shuɗin kallabi na nan. Ta taka.

Damina ta sauka. Ruwan bai fi a watsa mata tafi ɗaya a fuska ba, ya bushe kafin ta ɗaga hannu. Amma ƙasa! Hanyar ta bar gidaje ta bi ta gefen gonar Inna, inda aka shuka irin tulun, Ikilima ta ga abin da ba ta jin wani malaminta ya taɓa gani. Jar ƙasa ta yi duhu, kore ya feso a layi-layi, ya miƙe yana rawa kamar harshen wuta, ganye na warwarewa. Gonakin maƙwabta na ta tsawo, ta Inna ta tsaya iya ƙirji ta fara fidda kai. Ta so ta tsaya ta kalla, ta tuna kowane tsayi kwana ne.

Wajen taku na ɗari biyu da ashirin sai ga zangarniya ɗaya rataye a bakin rumfar, daidai idonta. Gajera ce, cike tam da ƙwaya. An bar ta nan tana bin rumfar taku bayan taku. Ikilima ta yi dariya ita kaɗai cikin hasken da ya lulluɓe ta. Allon ya ce: YA FITO. Ƙasa da haka, da ƙaramin rubutu kamar mai shi ba ya so a gani: INNA TA CE A FAƊA MIKI FURARSA TA FI.

Hanya ta fara hawa. Ga manyan duwatsun nan masu kama da an ɗora su da hannu, ga bakin kogo can sama kamar hamma. Koren gonaki ya fara komawa ruwan ƙasa tun lokacinsa bai yi ba, ta gane ruwa ya sake ɗaukewa da wuri. Inuwar Inna ta canja. Da a zaune take, yanzu a kishingiɗe. Wani hasken ya buɗe babu ita, na gaba tana nan. Sannan biyu babu, ɗaya akwai.

A taku na ɗari uku da shida haske ya buɗe, wurin ba kowa. Ya sake buɗewa, ba kowa. A na uku sai ga tabarmar, a naɗe, an jingine ta da dirkar rumfa, shuɗin kallabin ɗaure a tsakiyarta. Allon yana gefe, an goge shi tas, ba a rubuta komai ba.

Ikilima ta tsaya. Ba ta san kwana nawa tsayuwar ta ci ba, an ce huɗu. Ko ta karkaɗe su yanzu ta ruga, an riga an dawo daga maƙabarta tun kafin ƙafarta ta taɓa ƙasa. Sabon iri ya riga ya samu, ba abin da zai same shi. Amma ta ce wa Baffa kogo, ba ta ce masa rabin tudu ba, kuma a ƙasa akwai gari da kajinsa da Juma'arsa. Akwai kuma abin da ke jikinta, masu rai ne, ba su roƙi kowa ya ɗauko su daga gidansu ba. Ta share fuska da bayan hannu mai haske, ta hau.

Tabarmar ta ci gaba da bin rumfar har bakin kogo. Wani ne yake ɗauko ta kullum.

Sanyin kogon na taɓa ta suka fara sauka. Suka zube daga kafaɗunta kamar ana kwance mayafi, suka bazu a jikin dutse, suka hau rufin, har kogon ya koma kamar cikin ƙwaryar zuma. Ƙugin kunnenta ya rabu gida-gida, ya zama kukan kurciya, da ɗigar ruwa, da tarin wani mutum a bayanta.

Baffa Uwaisu ne zaune a kan dutse, tabarmar a cinyarsa. Furfurarsa ta ƙaru. Ita kuwa ko ƙishirwa ba ta ji, danshin alwalar walha bai gama bushewa a hannun rigarta ba.

"Sannu da zuwa, sarkin lissafi," in ji shi. "Kwana tara, ko?"

"Na yi kuskure, Baffa."

"A rubuta a allo, a bar shi mako guda kowa ya gani." Ya yi ɗan murmushi, murmushin bai daɗe ba. Ya miƙa mata tabarmar. "Ranar Talata ne, bayan azahar. Ba ta sha wuya ba. Ta sa na yi mata alkawarin ba zan rubuta miki ki tsaya ba."

Ikilima ta rungume tabarmar. Ƙamshin gyaɗa da man kaɗe na jikinta.

"Geron fa?"

"Dami goma sha ɗaya. Ba yawa, amma gonarta kaɗai aka girbe cikakkiya a bana. Ta raba iri mudu-mudu kafin ta kwanta, har mutanen Kiyawa sun zo. Ni ma na karɓa." Ya gyara murya. "Liman ya ce hukuncinki na mai barci ne, sai ki fara ramuwar salla. Ni Juma'a ɗaya na rasa na tayar da gari."

Suka gangaro tare. Taku ɗari huɗun nan ba su kai minti goma ba. A hanya ta ga ramukan dirkar rumfa jere a gefen turba, kusa da kowanne ƙasa ta yi sumul inda aka yi ta shimfiɗa tabarma, har zuwa inda sumul ɗin ya ƙare.

Ɗan hamsin yana nan a rumbuna goma sha huɗu yanzu, sha-yini suna kogonsu, ba wanda ya yi musu hayaƙi. Ikilima ba ta taɓa cewa ta yi nadama ba, kuma ba ta yarda a ce mata abin ya zo da sauƙi. Ta ce ba za ta matsa ba, ba ta matsa ba. Abin da ta biya shi ne wata shida da kwana ashirin na duniya, da aikin da ta yi shekara biyu tana nema, da kwanakin ƙarshe na matar da ta raine ta, wadda ta zauna taku uku daga gare ta damina guda cur ba su yi magana ko sau ɗaya ba.